Yadda Firmin Roure Ya Koma Bayan Kyamara

Sunana Solange. Aikina shi ne yi wa 'yan fim kwalliya kafin su shiga gaban kyamara, kuma a kan kujerata na fara ganin Firmin Roure, a shekarar 1957, a wani gidan ɗaukar fim da ke bayan birnin Paris. Shekarunsa ashirin da shida a lokacin. An ba shi rawar mai kai abinci a otal, maganarsa duka jimla ɗaya ce, amma ya zauna a gabana yana ta maimaita ta har leɓensa ya bushe.

Na ce masa, "Malam, in ba ka rufe bakin nan ba hodar za ka ci."

Ya ce, "Yi haƙuri, 'yar'uwa. In na daina faɗa guduwa za ta yi."

Da jin harshensa na san ɗan kudu ne. Daga Alès ya fito, garin masu haƙar kwal, kuma mutanen Paris ba sa jin wannan harshe ba su yi murmushi ba. Wannan ya taimake shi, ya kuma cuce shi. Bai taɓa rasa aiki ba, amma aikin iri ɗaya ne kullum. Yau ɗan sanda, gobe direban babbar mota, jibi abokin jarumi wanda ake harbewa kafin fim ya kai rabi. Shi da kansa yakan ce ba wanda ya kai shi iya mutuwa a ƙasar Faransa. Ya fito a fim sama da sittin, amma da wuya ka sami wanda ya riƙe sunansa. A titi mutum zai tsayar da shi ya ce, "Kai, ba kai ne mahaucin unguwarmu ba?" Sai Firmin ya ce shi ne, har ya tambayi mutumin ko naman jiya ya yi laushi.

Mutum in yana kan kujerar kwalliya da sassafe, ido a rufe, bakinsa yakan saki abin da ba ya faɗa da rana. A haka na ji labarin mahaifinsa, ba sau ɗaya ba, ba sau goma ba.

Sunan mahaifin Célestin. Shi ne mai kula da dawakan da ke jan kekunan kwal a ƙarƙashin ƙasa. Dawakan nan in aka saukar da su rami, wasu sai su shekara goma ba su ga rana ba. A shekarar 1936 ruwa ya ɓalle a wani sashe na ramin. Aka fitar da mutane da sauri, amma babu lokacin fitar da wani doki mai suna Pompon. Célestin ya ƙi hawowa. Ya kama linzamin dokin ya bi wata tsohuwar hanya da aka daɗe da barinta, suka kwana biyu a cikin duhu, sannan suka ɓullo ta gefen wani tsauni, nesa da gari. Firmin yana da shekara biyar a lokacin. Abin da ya riƙe shi ne tsayuwarsu a bakin ƙofar ma'aikata shi da mahaifiyarsa, da yadda ta matse masa hannu har yatsunsa suka yi sanyi. Célestin yana da shekara talatin a ranar. Bai yi tsawon rai ba, ƙurar kwal ta cinye masa huhu, ya rasu yana da arba'in da huɗu.

Firmin yakan ce, "Solange, duk wanda ya san shi ya ce fuskarsa ce a wuyana. Wata rana zan fito a matsayinsa. Sau ɗaya kawai nake so in zama wanda fim yake kansa."

Yana da shekara talatin da biyar ya rubuta labarin a littattafan rubutu irin na 'yan makaranta, ya fara zaga ofisoshin masu shirya fim. Kowa ya karɓe shi da fara'a, don kowa yana son Firmin. Wani ya ce labarin ya yi kyau amma babu mace a ciki. Wani ya ce wa zai sayi tikiti ya kalli duhu. Wanda ya fi ba shi haushi shi ne wanda ya yarda zai yi, da sharaɗin a kawo babban jarumi ya zama Célestin, shi kuma Firmin a ba shi rawar shugaban ma'aikata.

Ya dawo kujerata yana huci. "Kin ji fa! Ubana ne, amma sai an ara masa fuska."

Na ce, "To ka yi da kanka mana."

Wasa nake yi. Shi kuma bai ɗauke shi wasa ba. Bayan wata biyu ya kama ɗaki a saman wani shagon takalma, ya sa tebur da tarho, ya rubuta sunansa a ƙofa, ya zama furodusa. Bai san komai ba game da aikin, sai abin da ya gani daga nesa. Da ya ga ba wanda zai ba shi amanar babban fim, sai ya fara da ƙanana na wasu mutane, don ya koya. Ya shirya guda biyu. A nan ya gano cewa aikin mai shirya fim rabinsa lallashi ne. Ka lallashi magajin gari ya rufe maka titi, ka lallashi manomi ya bari a taka masa gona, ka lallashi jaruma ta fito daga ɗaki bayan darakta ya ɓata mata rai. Ga mamakin kowa, har da shi, ya iya. Shekarun da ya yi yana zaune a gefe yana jiran a kira shi sun koya masa abin da ke damun kowa a wurin aiki, daga mai haske har mai shara.

Amma abin ya ci shi. Da rana yana wasa a fim ɗin wasu don ya ci abinci, sauran lokacin yana kan tarho. Matarsa Ginette ta yi haƙuri shekara shida, sannan ta tattara kayanta ta koma wurin 'yan'uwanta a Lyon. Ba faɗa suka yi ba. Ta gaya min cewa ta gaji da zama da mutumin da ko a teburin abinci yana cikin rami. Ban ga laifinta ba, na kuma faɗa masa haka. Ya yi mako biyu ba ya min magana sai ta madubi.

Sai a 1977 komai ya haɗu. Ya sami wani rami da aka rufe kusa da Alès, aka yarda a shiga. Ya sami doki da ba ya tsoron duhu. Ya sami darakta, wani mai suna Edmond Maurel, siriri, mai yawan shan taba, wanda bai taɓa yin dogon fim ba amma ya karanta littattafan nan ya ce ba zai canja komai ba. Abin da ya rage shi ne gwaji, a ɗauki Firmin cikin kayan Célestin a ga yadda zai fito.

Ni na yi masa kwalliyar. Awa biyu da rabi na yi. Na rina masa gashi, na ja fatar wuyansa baya na manne, na cike ramukan da ke ƙarƙashin idonsa, mai kaya ta ɗaure masa ciki. Da ya kalli madubi ya yi dariya irin ta yara. Na yi iyakar abin da hannuna ya sani, kuma a madubi aikin ya yi kyau.

Washegari da hantsi muka zauna mu shida a ƙaramin ɗakin kallo. Aka kunna. Kyamara ba ta da kunya. Abin da muka gani shi ne mutum mai shekara arba'in da shida da aka yi wa fenti. Fuskar ma da sauƙi. Tafiyar ce ta tona shi, da yadda yake sunkuyawa ya ɗauki fitila yana kare gwiwarsa. Aka kunna wuta. Firmin ya tafa hannu ya ce, "To, ba laifi. A ɗan rage haske daga hagu, shi ke nan." Ya fita.

Maurel ya same ni a ɗakin aikina ina wanke burushi. Ya kunna taba, ya manta da ita a hannu.

Ya ce, "Madam Solange, kin gani."

Na ce, "Ina da ido."

"Ni ba zan iya faɗa masa ba. Shi ya ɗauko ni. Shi ne maigida. In na buɗe baki zai ce na ci amanarsa."

"Ni kuma fa? Ni ba ni da wuyan da za a yanka?"

"Ke yake ji."

Ba gaskiya ba ne, Firmin ba ya jin kowa. Amma na yarda, don na san in ba a faɗa masa ba, masu kallo ne za su faɗa masa da dariya, kuma dariyar za ta faɗa a kan mahaifinsa.

Da safe ya zo a sake gwaji. Ya zauna, ya rufe ido. Ban taɓa komai ba. Da ya ji shiru ya buɗe.

Na ce, "Firmin, ba zan yi ba."

"Me ba za ki yi ba?"

"Zan iya cire maka shekara biyar. In na matsa, bakwai. Sha shida ta fi ƙarfina, ta fi ƙarfin kowa. Kai ma ka gani jiya."

Ya daɗe yana kallona ta madubi. Na zaci zai yi ihu, don yana da zuciya. Sai ya ce a hankali, "Maurel ne ya turo ki?"

"Shi ne. Amma ko bai turo ni ba zan faɗa."

Ya tashi, ya cire tawul ɗin da na sa masa a wuya, ya ninke shi da kyau ya ajiye. Ya ce, "Shekara goma sha ɗaya, Solange." Ya ɗauki hularsa ya fita.

Kwana uku ba wanda ya san inda yake. Daga baya shi ya ba ni labari. Jirgin ƙasa ya hau zuwa Alès, wurin mahaifiyarsa, wadda ke zaune ita kaɗai a gidan da aka haife shi. Ya same ta tana ɓare wake. Ya zauna ya karanta mata duk abin da ya faru, yana jiran ta ce mutanen Paris ba su san komai ba.

Ta ce, "Shekararka nawa yanzu?"

Ya faɗa mata.

Ta ce, "To ai ka girmi ubanka. Shi bai kai nan ba. In ka shigo ƙofar nan ba shi nake gani ba, wani dattijo nake gani da ban san yadda aka yi na haife shi ba. Miƙo min kwanon can."

Ya ce min wannan lissafin bai taɓa zuwa masa a rai ba. Kullum a zuciyarsa mahaifinsa babba ne, shi yaro. Ya zauna ya taya ta ɓarar wake har suka gama, ya kwana biyu, ya dawo. Ya shiga ofis ya ce wa Maurel, "Nemo wanda kake so. Amma in ka sake tura mace ta yi maka aikin bakinka, sai na jefa ka ta tagar nan."

Maurel ya kawo wani ɗan wasan dandamali mai suna Rémi Vialat, ɗan arewa, dogo, mai jan gashi, ba ya kama da Célestin ko ta ƙeya. Firmin ya tsane shi tun ranar farko. A makon farko na ɗauka ya hana kowa sakat. Ana cikin aiki sai ya shigo gaban kyamara ya ce ba haka ake riƙe linzami ba, ba haka ubansa ke tafiya ba, ya ƙwace fitilar ya nuna. Rémi ya fara mance maganarsa. A rana ta shida Maurel, wannan matsoracin, ya tsayar da aiki a gaban kowa.

Ya ce, "Maigida, fim ɗinka ne, za ka iya kora ta yanzu. Amma muddin ni ne darakta, ba za ka ƙara sauka ramin nan ba."

Firmin ya dube shi sama da ƙasa, ya ce, "Ashe kana da baki." Ya juya ya hau sama. Bai sake sauka ba har aka gama.

A sama kuwa aiki yana jiransa. Mun ɗauki tsofaffin mahaƙa kusan arba'in don su fito a matsayin ma'aikata. Wata rana wani daga cikin mutanenmu na Paris ya daka musu tsawa, ya ce su matsa kamar yana kora tumaki. Tsofaffin suka ajiye hulunansu suka zauna a kan katako, suka ce ba inda za su. Waɗannan mutane ne da suka san yajin aiki tun kafin a haifi mai tsawar. Firmin bai roƙe su ba. Ya sa aka kawo burodi da cuku da ruwan inabi, ya zauna a tsakiyarsu ya juya harshe zuwa nasu na gida. Ya tambayi wannan ina ɗan'uwansa, ya tambayi wancan ko har yanzu yana kiwon tantabaru. Wani tsoho mai ido ɗaya ya ce, "Ɗan Célestin, ashe ka zama mai gida. Ubanka ko doki ba ya yi wa tsawa." Firmin ya kira mai tsawar, ya sa shi ya cire hula ya ba su haƙuri ɗaya bayan ɗaya. Kafin azahar an koma aiki. Daga ranar ya sa aka haɗa teburin cin abinci ya zama ɗaya, babu na 'yan Paris daban.

Wurin da ya fi jira shi ne fitowar Célestin daga tsauni. Shekaru yana gwada shi a ɗakinsa. A yadda ya tsara, mutumin zai fito ya ga rana, ya zube a kan gwiwa, ya fashe da kuka. Da aka kawo abin da aka ɗauka muka zauna kallo, ina kusa da shi. Rémi ya fito daga ramin baƙi ƙirin, bai kalli sama ba. Ya cire rigarsa ya rufe wa dokin ido don kada rana ta makantar da shi, sannan ya ce wa wani makiyayi da ya tarar a wurin, "Akwai ruwa a nan kusa?" Shi ke nan.

Da aka watse Firmin ya ce min, "Da ni ne da na ɓata shi. Ni so nake a gan ni. Shi kuwa Rémi, dokin yake gani." Ya ƙara da cewa, "Kar ki gaya masa. Kansa zai kumbura."

Fim ɗin bai yi wani tashe ba a Paris, mako uku aka sauke shi. A garuruwan kwal kuwa ya yi watanni, mutane suna zuwa da iyalansu. A Alès an kawo mahaifiyar Firmin aka zaunar da ita a gaba. Da aka gama ya sunkuya ya tambaye ta yadda ta gani.

Ta ce, "Yaron ya yi ƙoƙari. Amma dokin ya fi kama."

Bayan wannan Firmin bai sake tsayawa gaban kyamara ba. An yi ta kiransa, ya ce ya mutu isasshe. Ya shirya fim goma sha huɗu cikin shekara goma sha bakwai, yawancinsu na daraktocin da ba su taɓa yin ko ɗaya ba. Wasu sun yi kyau, biyu ko uku ba sa kalluwa, shi ma ya sani. Ba mutum ne mai sauƙi ba. Yana zagi, yana buga tebur, ya taɓa yin shekara huɗu ba sa magana da Maurel a kan minti uku da aka yanke daga wani fim. Amma ban taɓa ganin ya tsoma baki a yadda ɗan wasa zai yi wasansa ba, tun daga ranar da aka kore shi daga rami. Kuma a duk fim ɗinsa, ƙananan 'yan wasa masu jimla ɗaya suna da kujera da sunansu a jiki.

Na taɓa tambayarsa, muna cin abincin rana shekaru bayan haka, ko yana jin haushina. Ya ce ya ji, kusan shekara biyu. Na ce yanzu fa? Ya ce yanzu in ya kalli fim ɗin yana jin daɗi har zuwa wurin tsaunin, daga nan sai ya rasa gane ko alfahari yake ji ko hassada. Ya ce ya daina ƙoƙarin raba su.

A 1994 ya rufe ofis ya koma wani ƙauye kusa da Alès. Gwiwoyinsa sun ƙi, yana tafiya da sanda. Matasa ba su daina aiko masa da labaransu ba, yana karantawa da jan biro, yana mayar musu da wasiƙu masu zafi waɗanda na ji wasu suna ajiyewa har yau. Ginette takan zo ta yi masa mako guda a lokacin zafi, su zauna a inuwa suna musu a kan tumatir. Ya rasu a farkon 2003, a asibiti, bayan gajeriyar jinya.

Daraktocinsa tara ne suka zo jana'iza, har da Maurel da gashinsa ya yi fari fat. Bayan an binne shi muka shiga wani gidan shan kofi kusa da tashar jirgi don jiran na ƙarfe huɗu. Ɗaya ya fara ba da labarin ranar da Firmin ya kira shi jaki a gaban ma'aikata. Wata ta ce wannan ai yabo ne, ita yaga mata takarda ya yi. Nan musu ya kaure a kan wanda ya fi shan zagi, kowa yana so ya zama shi ne. Muna cikin haka mai shagon ya leƙo ya ce jirginmu ya tashi. Sai muka sake odar kofi, muka jira na ƙarfe shida.